Idan An Mance Wani Abu a Jikin Mai Wankin Ƙoda, Wace Lamba Za Ka Sa?

Babu marar lafiyar da ke shan huda kamar mai wankin ƙoda. Wanda yake da halin bin ƙa'ida, sau uku a mako ake ɗora shi a kan inji, kowane zama wajen awa huɗu, kuma ba a zama sai an shiga jijiyarsa. Wani da manyan allurai biyu ake shiga, a hannun da likitoci suka haɗa masa jijiyoyi. Wani kuma ta bututun robar nan da ake kira kateta, a wuya ko a gindin cinya. A wurarenmu, inda yawanci ba a kawo mutum sai ciwon ya ci ƙarfinsa, katetar gaggawa ta cinya ita ce farkon abin da yake haɗuwa da shi, a sa a cire, a sake sawa in ya samo kuɗin wani zaman. Duk wurin da ake yawan sawa da cirewa haka, wata rana sai an bar wani abu a ciki.

Shawarar yau ta masu aikin adana bayanan marasa lafiya ce, da masu duba takardun biyan kuɗi a kamfanonin inshorar lafiya, da matasan da ke koyon sanya lambobin cututtuka don neman aiki a waje. Fayil irin wannan ba kullum yake zuwa teburinka ba, shi ya sa ranar da ya zo hannu ke rawa.

Ka fara sanin abin da ake mancewa, domin wanda bai san yadda ake aikin ba ba zai gane rubutun likita ba. Ana sa kateta ne ta hanyar da likitan nan ɗan ƙasar Suwidin, Sven Ivar Seldinger, ya fito da ita a 1953. A soka allura a jijiya, a zura wata siririyar waya ta cikin allurar, a zare allurar, a zura katetar ta kan wayar, sannan a zare wayar. A wannan mataki na ƙarshe ake samun matsala. Wayar tana da santsi, ta kai rabin mita ko fiye, bakinta a lanƙwashe kamar ƙugiya. In mai aikin ya saki wutsiyarta, ko hankalinsa ya tafi kan marar lafiyar da numfashinsa ke sama-sama, sai ta sulale gaba ɗaya cikin jijiya. Wani lokaci ba a ankara sai bayan makonni, an ɗauki hoton ƙirji don wani dalili daban, sai ga farin zare miƙe daga wuya har kusa da zuciya. Ban da waya, akwai guntun kateta da ya yanke wajen cirewa, da ɗan zoben ƙyallen da ke jikin katetar dindindin wanda nama ke kamawa, da tsinin allura da ya karye, da ƙyallen tsane jini da aka cusa a rami aka mance. Masu wankin da ake yi ta tantanin ciki su ma suna da nasu bututun, shi ma yakan bar guntu.

Kafin ka buɗe kowane shafi, ka tabbatar da kundin da wurin aikinka yake bi. Hukumar Lafiya ta Duniya tana da nata, ICD-10, wanda babban taronta ya amince da shi a 1990 aka fara aiki da shi a 1994. Shi ne za ka fi tararwa a asibitocin Najeriya, kuma shi ne dai a Nijar da sunansa na Faransanci, CIM-10. Amurka ta ɗauki wannan kundi ta faɗaɗa shi ya zama ICD-10-CM, ta koma kansa ranar 1 ga Oktoba, 2015. Mai neman aiki a Dubai ko Abu Dabi na Amurkan zai tarar, mai zuwa Saudiyya kuma na Ostireliya, ICD-10-AM. Haruffan farko iri ɗaya ne a dukkansu, nan ne mutane ke ruɗewa, su ɗauko lamba daga intanet su manna a inda ba a san ta ba.

A kundin Hukumar Lafiya ta Duniya aikin bai da tsawo. Lambobi biyu ne ke tafiya tare. T81.5 tana cewa an bar baƙon abu bisa kuskure a jiki bayan wani aiki, kuma ta haɗa har da mannewar nama, da toshewa, da hujewa da abin ya jawo. Sai lambar sanadi daga rukunin Y61, wadda ke faɗin wajen wane aiki aka bar shi: Y61.2 lokacin wankin ƙoda, Y61.6 lokacin huda ko sa kateta, Y61.7 lokacin cire kateta ko ƙyallen da aka cusa. T81.5 ita kaɗai rabin labari ce.

Na Amurka ya cire Y61 gaba ɗaya, ya tura bayanin cikin lambar kanta. Don haka in kana aiki da ICD-10-CM ka ga an rubuta Y61.2, ka san daga wani kundin aka kwaso ta, kuma kwamfutar mai biyan kuɗi za ta dawo maka da takardar. A nan lambar gurbi bakwai ce, kowane gurbi da tambayar da yake amsawa. Bayan T81.5, gurbi na biyar yana faɗin ɓarnar da abin ya yi: 0 ba a fayyace ba, 1 mannewar nama, 2 toshewa, 3 hujewa, 9 wata matsala daban da aka ambata. Gurbi na shida yana faɗin aikin da aka yi: 0 tiyata, 1 ƙarin ruwa ko jini, 2 wankin ƙoda, 3 allura ko rigakafi, 4 leƙen ciki da na'ura, 5 katetar zuciya, 6 huda ko wata kateta, 7 cire kateta ko ƙyalle, 8 wani aiki daban, 9 aikin da ba a faɗa ba. Ka ga ke nan na wankin ƙoda biyar ne: T81.502, T81.512, T81.522, T81.532 da T81.592. Babu ɗayansu da ta cika sai an ɗora mata harafi na bakwai, zan zo kansa.

Gurbi na shida shi ne inda nake so mu daɗe, domin nan ne ƙwararru ma ke zamewa. Mutum ya ga "mai wankin ƙoda" a saman fayil, sai hannunsa ya tafi kan 2 kai tsaye. Alhali gurbin ba ya tambayar wace cuta ke damun marar lafiya. Tambayarsa ita ce wane aiki ake cikin yi aka bar abin.

A ce an kawo wani dattijo sashen gaggawa, jiki ya kumbura, fitsari ya ɗauke. Likita ya sa masa kateta a wuya da dare, washegari aka yi masa wanki, kwana biyu bayan nan hoto ya nuna waya a jijiya. Wankin bai bar komai ba. Wajen sa kateta aka bar wayar, kuma kundin ya ware wa wannan aiki gurbinsa, wato 6. A ce kuma wata baiwar Allah ce da ta yi wata da watanni da katetar dindindin, hannun da aka haɗa mata jijiyoyi ya nuna an fara amfani da shi, aka cire katetar, bayan wani lokaci wurin ya kumbura yana fitar da ruwa, aka buɗe aka tarar da guntun roba. Wannan na cirewa ne, 7. Wanda ya dace da 2 shi ne abin da ya faru a zaman wankin kansa, kamar tsinin allura da ya karye ya zauna a hannu ana cikin haɗa mutum da inji ko sauke shi. Haka nake karanta kundin, kuma dalilina a fili yake. Asibitin da ya tara lambobin shekara ya ga 2 ta yi yawa, ɗakin wanki zai nufa ya tsananta wa ma'aikatan jinya, alhali gyaran yana wajen masu sa kateta da dare ba tare da mai taya su ƙirga kaya ba. Lambar da aka sa a gurbin da ba nata ba takan sa a hukunta wanda bai ji ba bai gani ba, a bar ramin a buɗe. Idan rubutun likita ya ce kawai an bar abu "bayan wankin ƙoda" bai ƙara komai ba, to 2 ce ta dace da abin da ya rubuta, amma in sauran fayil ɗin na nuna wani abu daban, ka tambaya kafin ka rufe.

Sai tambaya ta biyu, wadda ita ma ke raba hanya: mancewa aka yi, ko kuwa abin da aka sa da niyyar ya zauna ne ya lalace? Kateta da ke wuyan mutum ba baƙon abu ba ce da aka bari bisa kuskure, da saninsa da sanin likita take wurin. In ta tsage, ko ta goce daga mazauninta, ko tana yoyo, ko ta toshe, gidanta T82.4 ne. A na Amurka: T82.41 lalacewa, T82.42 gocewa, T82.43 yoyo, T82.49 sauran matsaloli. Waɗannan gurbi biyar ne kawai, don haka sai an cike na shida da X kafin harafin ƙarshe, misali T82.41XA. Na T81.5 ba sa bukatar X, gurabensu a cike suke. Bututun wankin ciki kuma yana ƙarƙashin T85.6, ciwon da ƙwayoyin cuta suka jawo ta dalilinsa yana T85.71. Kundin da kansa ya yi gargaɗi a ƙarƙashin T81.5 cewa toshewa ko hujewar da ta fito daga na'urar da aka bari da gangan ba nan take ba.

Tsakanin waɗannan biyu akwai wuri mai duhu. Likita na cire katetar dindindin, zoben ƙyallen ya ƙi fitowa, ya duba ya ga tono shi zai fi barinsa illa, ya bar shi ya rubuta haka, ya kuma gaya wa marar lafiya. Wani likitan kuma ya cire bai duba ko katetar ta fito cikakkiya ba. A hoto abu ɗaya za ka gani, a takarda kuwa labari biyu ne. Ba kai za ka yanke wanne ne ba. Ka rubuta wa likitan tambaya.

Yadda ake tambayar ma sana'a ce. Kada ka rubuta, "Likita, ai mancewa aka yi ko?" Ka sa masa magana a baki ke nan, kuma duk mai binciken da ya zo daga baya zai yi watsi da amsar. Ka kawo abin da ke cikin fayil: ranar kaza an sa kateta, ranar kaza hoto ya nuna abu mai kama da waya a jijiya kaza, ranar kaza aka ciro. Sannan ka roƙe shi ya fayyace mene ne abin, wajen wane aiki ya shiga, da niyya aka bar shi ko a'a, kuma ko shi ne ya jawo zazzaɓi ko kumburin da aka rubuta. Ƙa'idojin Amurka sun ce ba a sa lambar matsalar da jinya ta haifar sai bayanan likita sun nuna alaƙa tsakanin aikin da matsalar. Rahoton mai karanta hoto shi kaɗai bai isa ka gina lamba a kansa ba ga wanda aka kwantar, sai likitan da ke duba shi ya tabbatar. Matambayi ba ya ɓata, kuma amsar a rubuce kake son ta, cikin fayil, da sa hannu da kwanan wata. Abin da aka gaya maka a baranda ba hujja ba ne.

Gurbi na biyar bai kai wannan wuya ba, amma kada ka mai da 0 wurin fakewa. In likita ya rubuta cewa wayar ta huda jijiya, 3 ce. In ta toshe hanyar jini, 2. In abin da ta jawo yana da suna amma ba ya cikin ukun nan, 9 ce, sai ka ƙara lambar da ke faɗin matsalar kanta. Ba a komawa 0 sai an duba an rasa.

Harafi na bakwai uku ne, A, D da S, kuma kuskuren da aka fi yi shi ne ɗaukar A a matsayin zuwan farko. A tana nufin ana kan maganin matsalar gadan-gadan. Wanda aka gano wa waya a wani ƙaramin asibiti, aka tura shi babba inda masu aikin jijiya suka zura ɗan tarko suka kamo ta, duka wuraren biyu A za su sa, ko da likita na uku ne ya gan shi. D ta lokacin da aka gama ce, ya dawo a duba wurin, a canza bandeji, a ga ko yana warkewa. S kuma ta tabon da abin ya bari ce bayan ya wuce. A ce bayan watanni jijiyar ta tsuke, likita ya rubuta cewa wayar nan ce sanadi. Sai ka fara da lambar tsukewar jijiyar, sannan lambar T81.5 ɗin mai S ta biyo. Mai kundin Hukumar Lafiya ta Duniya ba shi da waɗannan haruffa, T98.3 da Y88.1 ne ke yi masa aikin S.

Wajen jeri, in an kwantar da mutum ne don a magance wannan matsala, lambar matsalar ce ke gaba, ciwon ƙodar ya biyo baya. A na Amurka ƙodar da ta gaza kwata-kwata N18.6 ce, tare da Z99.2 mai nuna ya dogara da wanki. In yana da hawan jini, I12.0 na zuwa kafin N18.6, domin kundin yana ɗaukar cewa akwai alaƙa tsakaninsu sai in likita ya ce babu. In ciwon sukari nau'i na biyu ne ya taɓa ƙodar, E11.22. A kundin Hukumar Lafiya babu N18.6, a N18.5 ake tsayawa, kuma in tsohon bugu ne na kafin 2010 a kan kantarku, N18.0 za ka gani. Ka duba shekarar da ke bangon littafin.

Lambobi biyu ne nake roƙonka ka yi hattara da su. Ta farko Y84.1, wadda ke cewa wankin ƙoda ya jawo matsala daga baya ba tare da an yi wani kuskure lokacin aikin ba. Abin da aka mance a jiki kuskure ne lokacin aiki, don haka ba su haɗuwa a kan abu ɗaya. Ta biyu rukunin Z18 na kundin Amurka, na gutsattsarin ƙarfe ko roba da suka zauna a jiki. Yana da jan hankali domin ba ya tona kowa, amma gargaɗin da ke ƙarƙashinsa ya fitar da abin da aka bari bisa kuskure lokacin aiki, ya mai da shi T81.5. Akwai kuma T81.6, ta lokacin da jiki ya yi bore nan take saboda wani sinadari da aka bari, kamar hoda ko magani. Wannan ba ta waya ko roba ba ce.

Me ya sa ake ɓoye lambar T81.5? A Amurka dalilin kuɗi ne da suna. Tun 1 ga Oktoba, 2008, shirin Medicare ya daina ƙara wa asibiti kuɗi saboda wasu matsaloli da marar lafiya ya samu a hannunsu, kuma abin da aka mance a jiki shi ne na farko a jerin. Shi ya sa kusan kowace lamba ta wanda aka kwantar take ɗauke da alamar ko da matsalar ya zo: Y in da ita ya shigo, N in a kwance ya same ta. Wanda aka bar wa waya a wata cibiyar wanki aka kawo shi wurinku, Y ne. Har abin da ya faru a sashen gaggawa kafin a rubuta umarnin kwantarwa, a ƙa'idarsu da shi ya zo. A Ingila ma wayar da aka bari a jijiya tana cikin abubuwan da hukumar lafiyarsu ta ce bai kamata su taɓa faruwa ba, kuma dole a kai rahoto.

A wurinmu kuwa abin da ya fi yawa kunya ce da tsoron manya. Za a iya zuwa a ce maka, "Malam, ka sa ciwon ƙoda kawai, ai an riga an cire." Kada ka yarda. Iyalin marar lafiyar sun sayar da gona ko dabba kafin su kai ga injin, ga kuɗin aikin ciro abin da ba su suka sa ba. Mafi ƙarancin haƙƙinsu shi ne takarda ta faɗi abin da ya faru, domin likitan da zai sake sa wa mutumin kateta a wannan jijiya ya san abin da ta taɓa gani. Lambar ba ta kiran sunan kowa, ba ta ce wane ne ya yi sakaci ba, wannan aikin kwamitin bincike ne. In an matsa maka, ka nemi a ba ka umarnin a rubuce, ka kai wa shugaban sashenku. Sau da yawa daga nan maganar ke mutuwa. Haka kuma amanar ta hau kanka ta ɗaya ɓangaren: abin da ka gani a fayil ba na hira ba ne a wurin mai shayi, ba na WhatsApp ba ne, ko da ka goge sunan. A garin da masu wankin ƙoda ba su da yawa, shekaru da unguwa sun isa a gane mutum.

Rahoton aukuwar kuskure da asibiti ke cikewa don binciken cikin gida daban yake da fayil ɗin marar lafiya, kuma ba daga shi ake ɗaukar lamba ba. In ka ji labarin abu ta wannan hanya amma fayil bai ambata ba, hanyar dai ita ce tambaya ga likita.

Kundin Amurka ana sabunta shi kowace 1 ga Oktoba, da ƙaramin gyara a 1 ga Afrilu, kuma bugun da ke aiki ranar da aka sallami marar lafiya ko aka duba shi shi ne naka, ba na ranar da ka zauna kan fayil ɗin ba. Sabon kundin Hukumar Lafiya ta Duniya, ICD-11, ya fara aiki a hukumance tun 1 ga Janairu, 2022, ƙasashe na komawa kansa sannu a hankali, kuma lambobinsa ba su kama da waɗannan ko kaɗan. Kafin ya iso teburinka, ka samu ɗan littafi ka riƙa rubuta kowane fayil irin wannan ba tare da suna ba: abin da aka bari, aikin da aka yi, lambar da ka sa, da dalilinka. Ranar da mai bincike daga kamfanin inshora ya zo yana tambayar me ya sa ka sa 6 ba 2 ba, shafin kawai za ka buɗe masa.